Fayil ɗin Marigayi Dogo

Shekara uku na yi a Bankin Rufin Asiri na Ƙauran Namoda ina aiki da takardar wucin gadi. Duk wata shida a sabunta min ita, duk wata shida Manaja Alhaji Namadi ya kalle ni ta saman tabarau ya ce ana nan ana duba maganata. Ban san wane ne yake duban ba, amma ko wane ne, ba ya gaggawa. Takardar tabbatar da aiki ita ce abin da na fi so a duniya a lokacin. Da ita albashi yake ninkawa, da ita ake shiga fansho, da ita kuma ba za a sallame ki da saƙon waya ba ranar da ɗan wani babba ya gama bautar ƙasa.

Ni ce ma'aikaciyar kwamfuta ta bankin da rassansa biyu na Shinkafi da Zurmi. Sunan aikin ke nan. Ainihin aikin kuwa shi ne canza tawadar firinta, da tuna wa mutane kalmar sirrin da suka zaɓa da kansu jiya, da gyara wa matar manaja waya in ta cika da hotunan biki. Abu ɗaya ne a bankin nan da ya cancanci a kira shi aikin kwamfuta, shi kuma an hana ni taɓa shi.

Bankinmu na manoma ne da masu kiwo da 'yan tireda. Mutum zai karɓi bashin taki ko na shanun huɗa ta hannun ƙungiyarsu, ya dangwala yatsa a takarda cewa ya yarda duk ashirin da takwas ga wata a cire kaso daga asusunsa ba sai ya zo ba. Sakatarorin ƙungiyoyi su turo jerin sunaye da abin da za a cire wa kowa. Babbar manhajar bankin ba ta iya karanta wannan jerin da kanta. Sai ta kira wani ɗan ƙaramin fayil ya karanta mata, ya tantance, ya shigo da sunayen layi-layi, sannan a cira. Irin wannan fayil mu 'yan kwamfuta laburare muke ce masa, domin ba ya aiki don kansa, aro ake zuwa yi wurinsa kamar turmin maƙwabta. A bankinmu ba mai ce masa laburare. Fayil ɗin Dogo ake ce masa.

Ubaidullahi Dogo shi ya rubuta shi, shi ya riƙe shi shekara goma, ya rasu wata biyu kafin a ɗauke ni. Tun daga ranar aka mayar da kwamfutarsa abin girmamawa. Tana can ƙuryar wani ɗaki an lulluɓe ta da farin ƙyalle, tana da batirin solarta ita kaɗai, ko an ɗauke wuta manaja na zufa a ofis ita tana shan fanka. Akwai wani mai shara da ya taɓa zare wayarta don ya caja tocila. Kafin la'asar an yi masa canjin aiki zuwa reshen Zurmi, har yau kuma yana can. Ni da na yi shekara biyar ina karatun kwamfuta a foli, wato kwalejin fasaha, iyakata da ita in danna madanni ɗaya ranar ashirin da takwas, manaja yana tsaye a bayana yana salati.

Sai ga takarda daga kamfanin da ke haɗa bankuna wajen biyan kuɗi. Sun canza tsarin jerin sunaye, tsohon fayil ba zai ƙara iya karantawa ba, sun kuma turo sabon laburare a maye gurbinsa. Takardar ta yi wata biyu a aljihun teburin manaja, yana fatan ko za su sake shawara. Ba su sake ba. Ranar Alhamis, saura kwana huɗu a yi cirar watan Mayu, ya kira ni ofishinsa, ya ce in zauna, abin da bai taɓa cewa ba.

"Malama Nazifa," in ji shi, "in anka yi cirar wanga wata lahiya lau, takardarki tana bisa teburin nan ran Talata. Ni da hannuna zan sa mata hannu."

Na fito ina jin ƙafata ba ta taɓa ƙasa. Na shiga ɗakin, na yaye farin ƙyallen, na zauna a kujerar marigayi. Ban sha wahalar neman rubutun asali na fayil ɗin ba, domin Dogo ya ajiye shi a wata jaka da ya sa wa suna KAR A TAƁA da manyan baƙaƙe. Layi ɗari biyu na farko aiki ne mai tsabta, har na ji kunyar raina mutumin da na yi a zuciyata. Yana duba lambar asusu, yana duba ko an maimaita suna, yana duba ko sakatare ya ƙara sifiri bisa kuskure ko bisa niyya. Allah ya jiƙan Dogo, ya san aikinsa.

Daga nan ne abin ya sauya. Kafin fayil ɗin ya miƙa suna a cira, sai ya bi ta wasu sharuɗɗa guda sittin da uku. Kowanne lambar asusu ce, da umarnin a tsallake ta, da ɗan bayani da Hausa a gefe. Na farko shugaban hukumar daraktocin bankin ne: "Ya ce zai kawo da hannunsa." Shekara tara ke nan hannun yana hanya. Na biyu: "Surukin manaja. Ban tambaya ba." Na uku wani tsohon kansila ne: "Zai biya in ya koma mulki, in ji shi." Akwai wani dillalin shanu da ke da gidan mai biyu, bayaninsa kalma uku ce: "Ya yi ihu."

A tsakaninsu kuma akwai wasu iri daban. "Mutanen Shinkafi duka, kar a cira sai bayan Alhamis, a bari kasuwa ta ci." "Kulsumu ta Zurmi, takaba, a ɗaga mata wata huɗu da kwana goma." A ƙasa ya ƙara da wata ranar: "An ƙone musu rumbu, sun yi gudun hijira. A ƙara ɗagawa." Ashe duk wanda ya shigo ofishin nan ya durƙusa, ko ya shigo ya daka tsawa, Dogo sai ya buɗe fayil ya ƙara layi. Mutumin ba ya iya cewa a'a da baki, sai ya koya wa kwamfuta ta riƙa yin kara a madadinsa.

Na karanta kamar ashirin na rufe, raina a ɓace, amma ina jin daɗin ɓacin ran. Ga ni, Nazifa 'yar Malam Hammadu na Banga, wadda ba ta taɓa cin sisin kowa ba, Allah ya ɗora ni a kan ɓarnar manya. Na koma gida ina tsara jawabin da zan yi wa manaja gobe, har da inda zan ɗan tsaya don maganar ta shige shi.

Jawabin bai samu fita ba. Ina shiga da safiyar Juma'a ya miƙo min wata 'yar takarda da aka yago daga kalanda, da lambobin asusu goma sha ɗaya a jikinta. Ya ce waɗannan in san yadda zan yi sabon fayil ya ci gaba da tsallake su, sauran kuma a bari a cire musu. Masu binciken kuɗi za su zo watan gobe, suna son ganin bashin da ake karɓowa ya haura kashi casa'in cikin ɗari, kuma sabon laburaren yana da wata baiwa da ta burge shi: in ya tarar da tsohon bashi, yakan haɗa shi duka ya kwashe abin da ya samu a asusu. Na duba takardar. Shugaban daraktoci yana nan, suruki yana nan, mai ihu ma yana nan.

Na yi ƙarfin hali na ce, ranka ya daɗe, in za a tsallake wasu, ai su Kulsumu ne suka fi cancanta. Ya cire tabarau ya goge da bakin hula, ya yi min bayani cikin haƙuri kamar mai koyar da 'yar firamare. Ya ce banki ba kwamitin zakka ba ne. Ya ce talaka in an cire masa zai yi kuka ya haƙura, lada ma yake samu, amma in aka cire wa shugaban daraktoci, to ni da shi ne za mu yi kukan. Ya ce mutum goma sha ɗaya suna ɓacewa a cikin lissafi, hamsin da biyu ba sa ɓacewa. Daga nan ya umarce ni in kulle asusun duk masu bashi kafin sallar Juma'a, kada labari ya fita su ruga wurin masu POS su kwashe. Na kulle. Minti uku ya ɗauke ni, har na yaba wa kaina saurin hannu.

Da yamma na zauna ina bin sharuɗɗan Dogo ɗaya bayan ɗaya don in ware na manaja. A na arba'in da bakwai na ga lambar da na sani kamar lambar wayata, domin ni nake cike wa mai ita takardar ajiya. Bayanin gefe ya ce: "Hammadu Banga. Ɗiyarsa tana foli, kwamfuta take karanta. A bari ta gama."

Ina aji ɗaya a foli Baba ya karɓi bashin shanun huɗa guda biyu. Na san da bashin, na kuma ɗauka an gama biyansa tuni. Ashe kuɗin rajistata, da na haya, da na tsohuwar kwamfutar da na koyi aiki a kanta, duk daga kason da fayil ɗin nan yake tsallakewa suka fito. Na buga lissafi. Da uwar kuɗi da tarar jinkiri, naira dubu ɗari uku da tamanin da shida. A asusun Baba akwai dubu ɗari huɗu da 'yan kai, kuɗin waken da dawar da ya sayar, wanda ya tanada don takin bana da ladan masu noma. Ni na matsa masa ya daina ɓoye kuɗi a rumbu saboda ɓarayin daji, ya kawo banki inda ba abin da zai taɓa su. Ni kuma na kulle asusun da hannuna ɗazu kafin azahar.

Ranar Asabar na hau mashin zuwa Banga. Zafin bazara ya kai maƙura, hadari yana ta haɗuwa a gabas yana watsewa, kowa yana sharar gona. Na tarar da Baba a gindin kirya a bakin gonarsa yana gyara ƙotar fartanya. Bayan gaisuwa na zauna a kan tushen itacen na tambaye shi maganar bashin, ina sa ran zai ce bai san komai ba. Sai ya yi dariya.

"Ni dai na san nat tahi wurin Dogo da zabbi biyu," in ji shi, "nac ce shi ɗaga min ƙahwa har ki ƙare boko. Yac ce to. Da kinka ƙare, ina ta saurare a cira, ba a cira ba. Nac ce ƙila na'urar ta manta. Ni ko ban ga abin da za ya kai ni Ƙaura in tuna mata ba."

Na gaya masa na'urar ta tuna, kuma ranar Litinin za ta kwashe duka. Dariyar ta tafi. Ya ajiye fartanyar, ya tambaye ni ko za a bar masa ko da na buhu biyu, na ce abin da zai rage ba zai sayi ɗaya ba. Ban gaya masa akwai mutum goma sha ɗaya da za a tsallake ba, ban kuma gaya masa ni ce mai rubuta sunayen ba, amma Baba ba yaro ba ne. Ya san wadda ke zaune a kujerar Dogo.

"Uwata, ki yi abin da ad daidai," ya ce. "Ban kai ki boko don ki ci amana ba."

Na ji sanyi a raina, har hawaye suka cika min ido. Sai da na miƙe zan tafi ya tambaye ni, yana kallon gonar, nawa ake sayar da buhun taki a Ƙaura wannan satin, ko ya sauka. Na ce bai sauka ba. Ya gyaɗa kai ya ɗauki fartanyarsa. Da ya roƙe ni da baki, da na samu abin yin fushi da shi. Bai roƙa ba, ya bar ni da kayana na hau mashin.

Duk hanyar da zan bi na auna ta ranar Lahadi. In biya masa, albashina na wata takwas ke nan ba ci ba sha. In buɗe asusunsa ya kwashe, sunana zai fito a rajistar manhaja da lokaci da minti. In tsallake sittin da ukun gaba ɗaya, manaja zai gani a jimla kafin ya gama shan shayi, takardata kuma ta tafi. In goge duka har da goma sha ɗayan, zan zama jaruma ta kwana ɗaya, ranar Talata a sallame ni, Baba kuma ya rasa takin duk da haka. Na lura duk lissafin da na yi, takardar nan tana tsaye a tsakiyarsa ba ta motsi.

Ranar Litinin da hantsi na saka sabon laburare. Kyakkyawan aiki ne, mai sauri, bai san kowa ba, bai san ranar kasuwar kowa ba. Na rubuta masa ɗan ƙaramin fayil a gabansa mai tace sunaye, na zuba lambobi goma sha ɗaya na takardar kalanda. Sannan na sauka layi na gaba na buga ta goma sha biyu. Ko ɗar ban ji ba, abin da ya fi ba ni tsoro ke nan. Wurin bayani na tsaya ina tunanin abin da zan rubuta. Dogo ko ba komai yakan faɗi dalilinsa. Ni na bar wurin fayau, na danna madanni, cikin daƙiƙa arba'in aka gama abin da tsohon fayil yake yi a awa guda.

Kafin ƙarfe takwas na safiyar Talata ƙofar banki ta cika. Motar farko daga Zurmi ta sauke mutane, na Shinkafi sun zo a bayan a-kori-kura, kowa da waya a hannu yana nuna wa na kusa da shi saƙon da ya shigo. Ba su yi hayaniya sosai ba, abin da ya fi damuna ke nan. Tsayawa suka yi a rana suna jiran wani ya fito ya ce kuskure ne.

Manaja ya aiko a kira ni. Na tarar ya buga jerin waɗanda aka tsallake, yana bin sa da yatsa yana ƙirgawa a fili. Da ya kai goma sha ɗaya ya tsaya, ya ɗago ya kalle ni, ya mayar da yatsa ya ce goma sha biyu. Ya tambaye ni wane ne Hammadu Banga. Na ce mahaifina ne. Na riga na haɗa 'yan kayana a jaka tun da safe, don haka na tsaya ina jiran abin da zai biyo baya.

Murmushi ya yi, irin wanda ban taɓa gani a fuskarsa ba, na jin daɗi tsakani da Allah. Ya jawo aljihun tebur ya fito da takardar tabbatar da aikina. Na hango ranar da aka buga ta a sama, shekara biyu da rabi da suka wuce.

"Tun tuni tana nan," ya ce yana sa hannu. "Amma wa za ya miƙa makullin gida ga mutumin da ba shi da komai cikin gidan? Yanzu hankalina ya kwanta. In akwai wani naki kuma, ki ƙara, ki dai riƙa shaida min."

Na karɓa da hannu biyu, na rusuna na yi godiya, domin haka aka koya min. Na yi tsammanin ranar da takardar nan za ta shigo hannuna zan yi ta murna har a ji ni a Banga. Abin da na ji shi ne kunya, mai nauyi, tun daga wuya har gwiwa, tare da wani sauƙi da na kasa korewa, domin Baba zai sa taki bana. Ina juyawa zan fita ya ce, tunda yanzu ni ce babbar jami'ar kwamfuta, in leƙa waje in yi wa jama'a bayani.

Na ninke takardar na saka a jaka, na fita na tsaya a kan matakala. Na gaya musu tsari ne sabo daga sama, kwamfuta ce take cira da kanta, ba ta jin roƙo, ba wanda ya isa ya sa mata hannu, ko manaja, ko ni. Na faɗe shi da kyau, da lafazin wadda ta yi karatu, har na ga suna gyaɗa kai. Ba wanda ya zage ni. Wani tsoho mai rawani da ya zo daga Zurmi, wanda aka bar wa naira ɗari bakwai a asusu, ya matso kusa ya dube ni da tausayi.

"Sannu, ɗiyata," ya ce. "Ke ma kina haƙuri, kullum ke da wagga aba marar imani cikin ɗaki guda. Allah shi raba ki da sharrinta."

Na ce amin.